3.2 Rauni a Madogaran Tarihin Ibnul Haisam

Abu Ali Alhasan Ibnul Haisam, wanda aka haifa a Basra wajen shekarar 965, ya kuma rasu a Alƙahira wajen 1040, ya yi fice ne saboda Kitabul Manazir mai juzu'i 7. A cikinsa ya nuna, ta hanyar gwaji, cewa gani yana samuwa ne idan haske ya taso daga abu ya shiga ido. Wannan ɓangare na aikinsa ba a jayayya a kansa, domin littafin yana nan, har an buga fassararsa ta Latin a birnin Basel a 1572.

Inda matsala take shi ne labarin rayuwarsa. Marubuta da dama sukan kawo, tamkar tabbataccen abu, cewa ya yi wa Halifa Alhakim alkawarin sarrafa ambaliyar kogin Nilu, da ya je kudu da Aswan ya ga aikin ya fi ƙarfinsa, sai ya yi haukan ƙarya don ya tsira da ransa har halifan ya gushe a 1021. To amma Ibnul Ƙifɗi, wanda ya kawo wannan labari, ya rasu ne a 1248, wato fiye da shekara 200 bayan mai tarihin. Har wa yau, Ibn Abi Usaibi'a ya kawo wata ruwaya da ta ce a Basra aka yi haukan ƙaryar, domin ya kuɓuta daga muƙamin hukuma ya koma karatu. Labari ɗaya, gari biyu, dalili biyu.

Abin da ya fi shafar wannan nazari shi ne matsayinsa a ilimin tauhidi. Kusan duk hujjar da ake kafawa ta dogara ne a kan wani guntun tarihin kai da Ibn Abi Usaibi'a ya adana, inda marubucin ya bayyana yadda saɓanin ƙungiyoyin addini ya jefa shi cikin kokwanto. Masani Roshdi Rashed yana ganin wannan rubutu na wani ne daban mai suna Muhammad, ba na Alhasan ba, alhali Abdulhamid Sabra yana ganin mutum ɗaya ne. Idan Rashed ya yi daidai, to abin da ya rage mai ƙarfi wajen haɗa Alhasan da hidimar addini shi ne maƙalarsa ta lissafin gano alƙibla, wadda aikin lissafi ce ba ta kalam ba.