Nasara a Fili, Kabari a Bayan Makaranta: Nazarin littafin Sally Jenkins

A ranar 9 ga watan Nuwamba na shekarar 1912, ƴan wasan makarantar Carlisle suka je West Point, inda Amurka take horar da hafsoshin sojanta, suka doke masu masauki da ci 27 da 6. Wasan shi ne ƙwallon Amurka, wadda ake runguma a gudu da ita, mutum goma sha ɗaya kowane ɓangare. Waɗanda suka ci nasara ƴaƴan ƙabilun asalin ƙasar ne, waɗanda Turawa suka laƙaba wa suna Indiyawa. Cikin waɗanda aka doke har da Dwight Eisenhower, wanda daga baya ya shugabanci Amurka. Shekara 22 kacal ke nan da sojan ƙasar suka karkashe ƴan ƙabilar Lakota a Wounded Knee. A kan wannan rana ce ƴar jarida Sally Jenkins ta aza harsashin littafinta, The Real All Americans, wanda ya fito a 2007.

Wani hafsan soja mai suna Richard Henry Pratt ya kafa Carlisle a 1879, a wani tsohon bariki na jihar Fensilbaniya. Manufarsa ita ce a raba yaro da harshensa da al'adarsa domin ya narke cikin Turawa. Ana aske wa yara gashi, a sake musu suna, a hana su magana da harshen uwa. Mai karatun da ya san labarin makarantar da Faidherbe ya buɗe wa ƴaƴan sarakuna a Sanlui ta Senegal, da irin tilas ɗin da aka yi wa iyaye a farkon lakwal a ƙasar nan, zai gane wannan dabara.

Ƙarfin littafin yana wajen bayanin wasan kansa. A wancan zamani manyan jami'o'i irin Harvard da Yale sun dogara ga girman jiki da ture-ture, har mace-macen ƴan wasa a 1905 suka sa aka sake dokoki, aka halatta jifan ƙwallo gaba a 1906. Ƴan Carlisle ba su kai abokan karawarsu nauyi ba, sai suka koma ga gudu da wayo a ƙarƙashin mai horar da su, Pop Warner. A 1903 sun cusa ƙwallo cikin bayan rigar ɗayansu, ya ruga da ita ƴan Harvard suna dube-dube, ko da yake an doke su 12 da 11. A kakar 1907 sun ci wasa 10, Princeton kaɗai ta kayar da su. Jenkins ta iya kwatanta waɗannan dabaru yadda ko wanda bai taɓa ganin wasan ba zai fahimci abin da ya sa ƴan kallo suka cika filaye.

Sai dai akwai gyara a wurare biyu. Na farko, marubuciyar ta so ta nuna cewa daga Carlisle wasan zamani ya samo asali, kuma a nan an ɗan zarce. Ƙungiyar jami'ar Saint Louis ta riga ta yi fice da jifan ƙwallo gaba tun 1906. Carlisle ta gwanance, ta kai dabarar gaban manyan jami'o'in gabas, kuma wannan yabo ya ishe ta ba sai an ƙara gishiri ba.

Na biyu ya fi nauyi. An tsara littafin yadda komai yake gangarowa zuwa wasan West Point, kamar a can ne aka rama jinin kakanni. Irin wannan tsari yana sanyaya zuciyar mai karatu fiye da yadda tarihi ya yarda. Ƴan ƙwallon ƴan kaɗan ne cikin dubban ɗaliban da suka ratsa makarantar, suna da ɗakin kwana nasu da abinci mai kyau. Binciken da majalisar dokokin Amurka ta yi a 1914, bayan koken da ɗalibai suka sa wa hannu, ya tono duka da ƙarancin abinci da almundahana da kuɗin wasanni. Warner ya bar makarantar, aka rufe ta a 1918. Jenkins ba ta ɓoye wannan ba, amma ihun ƴan kallo ya fi ƙarfi a shafukanta. Yara fiye da 180 ne aka binne a maƙabartar makarantar, kuma sai a 2017 sojan Amurka suka fara mayar da ƙasusuwansu ga danginsu.

Rayuwar Jim Thorpe, gwarzon wasan 1912, ta isa shaida cewa nasarar fili ba ta sayi ƴanci ba. A wannan shekara ya ci lambobin zinari biyu a gasar Olamfik ta Istokholm, aka ƙwace su a 1913 saboda ya taɓa karɓar ɗan kuɗi a wasan besbol. Ya rasu a 1953, sai a 1982 aka yanke shawarar mayar da su, a 2022 kuma aka amince shi kaɗai ne zakara. Dokar da ta ba dukkan ƴan asalin ƙasar matsayin ƴan ƙasa ma sai 1924 aka yi ta.

Littafin ya cancanci karatu, domin ya dawo da sunayen samarin da suka yi amfani da wasan mai mulki suka kunyata shi a gidansa. Amma mai karatu ya riƙe cewa makarantar ta yi tallar kanta da wannan nasara, kuma ƙungiyar ta rufa wa manufarta asiri shekara da shekaru. Wanda zai ba da cikakken labarin Carlisle dole ya ba yaran maƙabarta fili daidai da wanda aka ba masu ƙwallo.