Jinjina Ga 'Yan Rakiyar Ait Ben Haddu

A kudancin Maroko, kusa da birnin Warzazat, akwai tsohon gari mai ginin ƙasa, Ait Ben Haddu, wanda hukumar UNESCO ta sanya cikin wuraren tarihi na duniya a 1987. A nan aka ɗauki sassan fim ɗin Gladiator na shekarar 2000, kuma a shirin talabijin na Game of Thrones garin ne ya fito a matsayin birnin Yunkai.

Baƙon da ya shiga shi kaɗai, katanga kawai zai gani. 'Yan rakiyar garin su ke tsallakar da shi rafi, su bi da shi lunguna har saman tudun da tsohon rumbun garin yake, su nuna masa filin da aka kafa dandalin fafatawar Gladiator kafin a kwashe shi. Wasunsu da kansu sun fito cikin taron jama'a a finafinan. Harshe kuwa ba ya gagararsu: Tamazight, Larabci, Faransanci, Ingilishi.

Babban abin yabonsu, ba sa barin fim ya binne tarihi. Sukan tuna wa baƙo cewa ayarin fatake daga Sahara zuwa Marrakesh a nan yake yada zango a zamanin da. Sun ci ladansu da guminsu.