Gajeren Zangon Ƴar Fim a Ƙasar Hausa

Maraɗi ba ta da manyan kamfanonin shirya fim, amma tana cikin garuruwan da suka fi kowa kallon finafinan Kano. Tun zamanin kaset, kaya na biyo hanyar Katsina da Jibiya su shigo ta Ɗan Isa, kafin mako ya zagayo an gan su a gidajen kallo har Tibiri da Jiratawa. Yau waya ta karɓi aikin. Yarinya za ta miƙa wa mai tura finafinai wayarta da ɗan canjin da ta rage daga talla, ta dawo gida da shiri mai dogon zango, ita da ƙawayenta su haɗa kai a kan ƙaramin gilashi har caji ya ƙare. Washegari ta nuna wa tela hoton rigar jarumar ta ce irinta take so. Amma da za ta ce wa mahaifinta, “Baba, fim nake son shiga,” ranar ba za a kwana lafiya a gidan ba. A tsakanin wannan so da wannan ƙi ne ƴar fim ta Hausa take yin sana'arta, kuma shi ya sa zangonta yake da gajarta.

Masana'antar ba tsohuwa ba ce. Daga Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990, zuwa Sangaya da ya ɗaga Fati Muhammad, shekara goma ce kawai. Tun lokacin aka shata hanyar da kusan kowace jaruma take bi. Ta shigo da ƙuruciyarta, a ba ta matsayin budurwar da maza biyu suke takara a kanta, ta yi tashe na wasu shekaru, sai a ji an ɗaura mata aure. Daga ranar ta bar fim. Haka Fati Muhammad ta yi, haka Abida Muhammad da Safiya Musa. Idan auren bai ɗore ba ta dawo, sai ta tarar wata sabuwar fuska ta zauna a gurbinta. Ali Nuhu kuwa ya yi aure, ya haifi ƴaƴa, yana nan yana fitowa sama da shekara 25, har aka naɗa shi shugaban Hukumar Finafinai ta Najeriya a 2024.

Ba auren nake zargi ba. Abin da ke damuna shi ne an gina sana'ar a kan cewa mace ta zo jiran miji ne, don haka babu mai ɓata lokacinsa wajen koyar da ita. A da darakta kan faɗa mata abin da ke faruwa a fitowar, ita ta cika da maganar bakinta. Wannan baiwa ce babba, ta gado daga wasan kwaikwayon dandali da na rediyo, irin wanda su Yazi Dogo suka ƙware a kai a Damagaram. Sai dai baiwa tana son reno. Lokacin da jaruma ta fara gane yadda ake riƙe shiru a gaban kyamara, yadda ake nuna ɓacin rai ba tare da an ɗora hannu a ka ana kururuwa ba, lokacin ne take tafiya.

A dubi yadda ake ɗaukar waƙa. An riga an rera ta a sutudiyo, sai a kai jaruma lambu ko bakin ruwa, a kunna lasifika, ta riƙa bin baitin da leɓe tana taka rawa, a tsayar, ta sauya kaya, a sake. Muryar da mai kallo yake ji daga bakinta sau da yawa ta Fati Nijar ce, ƴar Maraɗi da ta je Kano ta yi suna. Fuskoki nawa suka ari wannan murya suka wuce, ita tana nan? Dalili a fili yake: mawaƙiya tana bayan labule, jikin jaruma ne a idon jama'a, kuma a kan jikin ake shari'a.

Wannan shari'a ta girmi fim. A masarautar Katsinan Maraɗi akwai Iya, a Gobir ta Tibiri akwai Inna, manyan mata na gidan sarauta da al'ada ta ɗora wa kula da bori da matan da ba sa ƙarƙashin miji. Bori ba wasan kwaikwayo ba ne, amma tunanin da ya zauna a zukata ɗaya ne: macen da ke tsayawa a fili ana kallonta, ba matar aure ba ce. A watan Nuwamba na 2000, da aka yi zanga-zangar ƙin bikin nuna tufafi na FIMA, wanda ma ba a Maraɗi aka yi shi ba, gidajen mata masu zaman kansu na cikin wuraren da aka far wa a garin. A Kano an kafa hukumar tace finafinai a 2001, ta ƙara tsanani daga 2007. A 2016 ƙungiyar masu harkar fim ta MOPPAN ta kori Rahama Sadau saboda fitowarta a bidiyon waƙa tare da mawaƙi ClassiQ. Hukuncin da ya fi zafi kusan kullum a kan macen yake sauka.

Ingila ma ta bi ta nan. A zamanin Shakespeare samari ne ke fitowa a matsayin mata, sai a 1660 aka bar mata suka hau dandamali, kuma an daɗe ana yi musu kallon marasa kamun kai. Abin da ya sauya lamarin can shi ne makarantun koyon sana'ar irin su RADA, da ƙungiyar ƙwadago ta Equity, da kwantiragi a rubuce, da marubutan da ke ƙirƙiro matsayi ga mace a kowane mataki na shekarunta. Shi ya sa yarinyar da ta fara yau a Landan za ta dubi Judi Dench, wadda ta hau dandamali a 1957 ta kuma ci gaba da fitowa bayan ta haura shekara 80. Ba rawarsu ko suturarsu nake cewa mu ɗauko ba. Tsarin da ke sa sana'a ta riƙe mutum har tsufa, shi ne abin dubawa.

Ƴar Nijar da ta ɗaga kai, wa za ta gani? Zalika Souley, wadda ta fito a fim ɗin Moustapha Alassane a 1966, ta kuma fito a Le Wazzou polygame na Oumarou Ganda da ya ci babbar kyautar bikin finafinai na FESPACO a 1972. Saboda takan fito a matsayin mace mara kirki, mutane suka riƙa zaginta a titi kamar halinta ne. Daga baya ta tafi Amurka tana aikatau, kamar yadda Rahmatou Keïta ta nuna a fim ɗin da ta yi a kanta. Ta rasu a 2021. A Najeriya kuma, a 2022, dattijuwar jaruma Ladin Cima ta zubar da hawaye a hirarta da BBC Hausa kan ƙanƙantar abin da ake biyanta, wasu masu shirya fim suka musanta, aka yi ta cacar baki. Ko wane ne mai gaskiya, rashin takarda a tsakani ne ya sa maganar ta zama musu.

Akwai alamun sauyi. Shirye-shirye masu dogon zango, tun daga Daɗin Kowa na Arewa24 zuwa Labarina na Aminu Saira, suna ba jaruma damar zama da hali ɗaya shekara da shekaru har ta san shi ciki da bai. Maryam Booth ta ci kyautar AMAA a 2020 da The Milkmaid, a matsayin da babu rawa a ciki. Wasu, irin su Hadiza Gabon da Rahama Sadau, sun koma shirya nasu. Amma har yanzu tsakanin budurwa da uwar miji kusan babu kowa a labaranmu. Hajiyar da ke fataucin atamfa tsakanin Maraɗi da Kano, ungozoma a Tibiri, matar da ke riƙe gida da kuɗin zogalen Jiratawa alhali miji yana ci-rani, duk mata ne masu shekara 30 zuwa 45, kuma jarumar da za ta iya fitowa a matsayinsu ita ce wadda ake sallama tana da 25.