Gwanin Dara a Damargu da Gwanin Ces a Duniya

Da zarar an gama girbi, an ɗaure damman gero an zuba a rumbu, sai dara ta dawo bakin kasuwa a Damargu. Daga Tanut har Belbeji, ka bi ta Gangara ko Olelewa, abin da za ka gani bayan la'asar kusan iri ɗaya ne. Mutum zai share rairayi da tafin hannu, ya dangwala gidaje talatin, layi 5 kowane da gida 6. Ɗaya ya kakkarya kara ya ƙirga ƴaƴa 12, abokin karawarsa ya tsinto tsakuwa ko busasshen kashin raƙumi 12. Kafin a zuba ɗa na uku, ƴan kallo sun yi zobe.

Wanda bai san wasan ba zai ɗauka ci shi ne dara: ka jera ƴaƴa uku a miƙe, ka ɗauke ɗan abokinka guda. Masana sun san tun a zubi ake gama magana. A lokacin zubi ba a yarda ka jera uku ba, saboda haka kowane ɗa da ka ajiye na aikin gaba ne, ko ya share maka hanyar da za ka bi bayan tafiya biyar, ko ya toshe wadda abokinka yake ɓoyewa. Jeri huɗu kuma ba ci ba ne, shi ya sa ɗanka na kanka kan zame maka ƙaya in ka ajiye shi inda bai dace ba. Ba banza ba Bahaushe ya ce dara ta ci gida. Babban abin da gwani yake nema shi ne doki, wato ya tsara ƴaƴansa yadda ɗa guda zai riƙa kai da komo tsakanin gida biyu, ya je ya cika uku, ya dawo ya cika uku. Wanda aka hau wa doki sai dai ya zuba ido ana tsince masa ƴaƴa ɗaya bayan ɗaya, kuma mai mutunci yakan watsa wasan da kansa tun kafin a kai ƙarshe.

Gwanin dara yana da tarihin rayuwa kamar kowane gwani. Yana farawa da tsugunno a bayan manya. Na tuna ina yaro na ga wata kafa da wani dattijo bai toshe ba, na kasa haƙuri na ce, "Baba, ga can za a ci ka." Bai ko ɗago kai ba ya ce, "Yaro, kallo da ido ake yi." Bayan tafiya huɗu na gane da gangan ya bar kafar, ya ba da ɗa guda ya samu doki. Haka ake koyo, shekara da shekaru, har ranar da za a rasa abokin wasa a ce wa saurayi ya zauna. In ya ci na unguwa, sai a jira shi ranar kasuwa. Damargu kuwa mahaɗa ce tun zamanin ayari, lokacin da geronta ke ciyar da Abzin, don haka a gidajen nan talatin Bahaushe kan zauna da Badagire, Buzu da Bafillace, ba tare da tafinta ba. Sunan gwani yakan bi masu raƙuma da motocin hanyar Damagaram zuwa Agadas, har a ce a gari kaza akwai wani da ba a ci masa ɗa uku.

Iyakar abin ke nan, kuma nan ne yake damuna. Ana tashi daga wasa, ƙafa ko iska ta shafe gidajen. Zubin da ya ba kowa mamaki yau, gobe babu mai iya maimaita shi daidai.

A dubi wasan da Larabawa ke kira shaɗaranji, wanda duniya ta sani yau da ces. A Bagadaza, zamanin halifa Al-Muktafi, an yi wani gwani Abubakar As-Suli, wanda ya rasu wajen shekarar 946. Ya rubuta littafi kan wasan, ya bar wata matsala da ya ce ba mai warware ta sai wanda ya koya wa. Ta zauna kusan shekara dubu kafin gwanin Rasha Yuri Aberbak ya warware ta a ƙarni na 20. Mutum biyu da ba su yi zamani ɗaya ba suka kara, saboda ɗaya ya sa alƙalami. A kan wannan ɗabi'a aka gina duk abin da ya biyo baya. An kafa hukumar ces ta duniya, FIDE, a Paris a 1924, ta fara auna ƙarfin ƴan wasa da maki a 1970, kuma a gasa dole kowa ya rubuta tafiyarsa da ta abokinsa. Shi ya sa ake iya cewa Magnus Kalsen na Norwe ya kai maki 2882 a 2014, ko Basim Amin, likita ɗan Masar, ya haye 2700, ko Amon Simutowe na Zambiya ya samu muƙamin babban gwani a 2009, na farko daga Afirka kudu da Sahara. Tanitoluwa Adewumi, yaron da iyayensa suka yi gudun hijira daga Nijeriya, ya ci gasar yara ta jihar Niyok a 2019 yana ɗan shekara 8. Yaro a Tanut da ke da waya zai iya buɗe wasannin waɗannan mutane, ya bi su tafiya bayan tafiya. Na kakansa ne ba zai samu ba.

Ces ɗin ma ba baƙo ba ne a yankinmu. A Barno an yi shi da sunan tsatsarandi, ƴaƴansa na ɗauke da sarautun fada irin su mai da ciroma da kaigama. Jami'an mulkin mallaka na Ingila, Mik da Haris, sun rubuta bayaninsa a shekarun 1930, lokacin da masu iya shi suka riga suka yi ƙaranci. Wasan fada ne, da masu shi suka tafi ya bi su. Dara ta fi shi tsawon rai don ta talaka ce, ba ta neman komai sai ƙasa da kara. Amma saurayin da a da zai tsuguna bayan manya, yau waya ce a hannunsa ko karta, kuma ban ga laifinsa ba tun da ba a nuna masa inda dara za ta kai shi.

Kokowa ta nuna mana cewa wasan gargajiya na iya samun kundi. Tun da aka fara gasar takobi a Tawa a 1975, inda Yakuba Kantu na Maradi ya yi nasara, ana riƙe da sunan sarkin kowace gasa, har da Isaka Isaka na Doso. Dara ta fi kokowa sauƙin adanawa. A ba layuka biyar haruffa, a ba gidaje shida lambobi, wasa guda zai shiga rabin shafin littafin makaranta. Malamin lakwal ɗaya a Belbeji da ɗalibai biyu, ɗaya na kallo ɗaya na rubutu, za su iya tara wasa ɗari a rani guda, da sunan mai zubi da garinsu da ranar da aka kara.

Dattijon nan da ya tsawata mini ya daɗe da rasuwa. Na sha share ƙasa in gwada maido da wasansa na ranar. Ina tuna gidan da ya bari a buɗe da inda dokin ya tsaya, amma sauran ƴaƴa goma na kasa tuna inda ya zuba su.