Jakadiya, Mai Tsallakar da Magana

Duk wanda ya taɓa jefa ƙuri'a a Jalingo ya san sunayen mazaɓun garin: Turaki, Barade, Majidaɗi, Sarkin Dawaki, Sintali, Kachalla Sembe. In ka jero su sai ka ji kamar ana kiran fadawa ranar hawan Sallah. Daga 1893 da Sarkin Muri Muhammadu Nya ya kafa sansani a wannan wuri, zuwa 1991 da garin ya zama babban birnin Jihar Taraba, masu riƙe da sarautun fada sun bar sunayensu a kan unguwanni, kuma dukansu maza ne. Sai dai komai girman rawanin kowannensu, akwai ƙofar da in ya iso dole ya tsaya, wato wadda ta raba zauren basarake da cikin gida. Mutum ɗaya ke ratsa ta safe da yamma ba mai tambayarta ina za ta, ita ce jakadiya, kuma ba a sa wa ko lungu ɗaya sunanta ba.

Aikinta in an faɗa a taƙaice ba ya da wuyar ji. Tana kai saƙon sarki ko hakimi ga matansa da mahaifiyarsa, ta kawo nasu gare shi, ta yi wa baƙi mata iso, ta raba abin da aka ce a raba. Wanda bai taɓa gani ba zai ce ai 'yar aike ce. Ni na gani, domin ina 'yar shekara tara ko goma na riƙa bin wata tsohuwa, aminiyar kakata, wadda ta yi jakadanci a gidan wani hakimi a ƙasar Muri fiye da shekara talatin. Goggo muke ce mata. Ni ke ɗaukar mata kwanon goro, kuma daga bayanta na koyi cewa ɗaukar magana sana'a ce mai ƙa'idoji kamar saƙa ko ƙira.

Ƙa'idar farko ita ce hadda. Goggo ba ta karatun boko, ba ta rubuta ajami, amma za a ba ta saƙo biyar daga ɗakuna biyar, kowanne da gaisuwarsa da buƙatarsa da ƙorafinsa, ta isar da su ba ta haɗa na wannan da na waccan ba. Kuma a gari irin namu harshe ɗaya ba ya isa. Da mahaifiyar hakimi Fulatanci take yi, da fadawa Hausa, da matan da ke kawo doya daga ƙauyuka kuwa tana da Mumuyancin da zai ishe ta ciniki da gaisuwa. Saƙo kan shiga kunnenta da wani harshe ya fita bakinta da wani, nauyinsa bai ragu ba. Ga kuma sunayen da ba a faɗa. Uwargida ba ta kiran sunan mijinta, ba ta kiran na ɗan farinta, ba ta kiran na surukanta, kuma duk wanda ya ci sunan ɗaya daga cikinsu ya shiga cikin alkunyar. Jakadiya na riƙe da wannan duka a kanta, ta san wa za a ce wa Mai Sunan Malam, wa za a ce wa Babban Mutum, don kada ta sa uwar ɗakinta sunkuyar da kai a gaban baƙi.

Sai sanin lokaci, wanda a ganina ya fi haddar wuya. Ba kowace sa'a ce ta magana ba. In hakimi ya dawo daga zaman sulhu na rikicin gona fuskarsa a ɗaure, Goggo kan gaishe shi ta fice, saƙon na nan a cikinta har bayan la'asar. Labarin zuciya a tambayi fuska, in ji masu iya magana, ita kuwa har tafiyarsa take karantawa, da yadda ya ajiye takalmi.

A wani jajiberin Sallah aka yi abin da har yau nake ganinsa kamar jiya. An kawo turamen atamfa, wani bafade mai rawar kai ya aika da na amarya kafin na uwargida. A gidan sarauta wannan ba ƙaramin abu ba ne. Uwargida ta kira Goggo, muryarta na rawa, ta ce: “Jakadiya, je ki gaya masa, in ya manta wadda ta riga kowa shigowa gidan nan, ni ban manta hanyar gidan ubana ba.”

Goggo ta ce, “To, ranki ya daɗe.” Ba ta ƙara ko kalma ba, ba ta ba ta haƙuri ba, domin mai zafin rai ba ya jin haƙuri a lokacin. Muka fita. Ba ta nufi turaka kai tsaye ba, sai da ta zauna a inuwar rumbu ta ɓare goro ta ci rabi. Da hakimi ya idar da lazimi, ta tuɓe takalmi a bakin shigifa, ta durƙusa, ni ina rakuɓe a bayanta.

“Allah ya taimake ka, uwargida na gaisuwa. Ta ce a tuna maka ita ta riga kowa shigowa gidan nan.”

Ya yi shiru yana jan carbi. Can ya ce, “Iyakar abin da ta ce ke nan, Jakadiya?”

“Akwai saura, ranka ya daɗe. Na bar shi a bakin ƙofa. In ka ce a shigo da shi, sai in shigo da shi.”

Ya dube ta, ya ce, “Bar shi a can.”

Kafin magariba an kai wa uwargida turmi biyu da ƙwaryar goro, wato goro ɗari cif, Goggo ce a gaba. Da uwargida ta tambaye ta ko ta faɗa masa duka, ta ce, “Na faɗa masa abin da ya isa, ya kuma san akwai saura.”

Na daɗe ina juya wannan a raina. Ba ta yi ƙarya ba, ba ta ɓoye cewa akwai magana mai zafi ba, ba ta kuma ci amanar wadda ta aike ta ba. Ta dai bar wa mai gidan zaɓi, ya ji ko kada ya ji, tana sane da cewa in kalmar nan ta “gidan ubana” ta shiga kunnensa a gaban yarinya, sarauta za ta tilasta masa amsa da irinta. Magana zarar bunu ce. Tsakanin tace saƙo da canza saƙo akwai siririn zare, kuma a kansa ake gane jakadiyar ƙwarai. Wadda ta canza ta zama mai mulki a ɓoye, wadda ta kwaso komai ta zube kamar yadda aka ba ta kuwa ba za a shekara ba gidan ya watse.

Rabo ma ilimi ne. Naman layya, hatsin kaka, turare, kuɗin cefane, kowanne yana da jerin wanda za a fara da shi da wanda za a rufe da shi. Jakadiya ta san ranar girkin kowace mata, ta san wace gwaggon hakimi ce za ta yi fushi in aka aika mata yaro maimakon babba. Duk inda ta kai alheri ana ba ta tukwici, kuma daga tukwicin take auna yadda aka karɓi kyautar, ta koma ta ba da labari daidai gwargwado. Abin da ta ji a ɗakuna kuwa a cikinta yake kwana. Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba.

Wannan aiki tsoho ne a ƙasar Hausa. Gidan Rumfa na Kano yana tsaye tun zamanin Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, kuma cikin gidan yana da nasa tsarin muƙamai na mata, irin su Uwar Soro da Mai Babban Ɗaki, da jakadu masu haɗa su da waje. Heidi Nast, wadda ta yi bincike a fadar ta fitar da littafi a 2005, ta nuna yadda matan cikin gida suka riƙe sha'anin hatsin fada da rinin baba. Macen da ke kulle ba za ta iya riƙe irin wannan ba sai da ƙafa da bakin da ta amince da su. Ba a Kano kaɗai mata ke da muƙami ba: a Gobir akwai Inna, a Maraɗi akwai Iya, a Daura akwai Magajiya, a nan kusa da mu kuma fadar Aku Uka ta Wukari tana da Angwu Tsi, mace mai nata matsayi a tsarin sarautar Jukun. Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, ta ɗauki wannan dabara ta mata masu kai magana ta juya ta ga ilimi: ta naɗa mata jagorori da ake kira jaji, ta ba su malfa, suka riƙa haddace karatu suna kai wa matan ƙauyuka.

Masu kallon finafinan Indiya sun san irin wannan duniya ko da ba su lura ba. A fadar sarakunan Mughal, marubucin fadar Abul Fazl ya rubuta cewa sashen mata na Sarki Akbar ya ƙunshi mata fiye da 5,000, da mata masu kula da kowane ɓangare. Akwai babbar jami'a da ake kira mahaldar mai kai wa sarki rahoto, akwai mata masu gadi da makami. Nur Jahan, wadda ta auri Sarki Jahangir a 1611, har kuɗi aka buga da sunanta, kuma umarninta na fita daga bayan labule ya isa larduna. A Bhopal mata huɗu suka yi mulki tsakanin 1819 da 1926. Ana tuna sunayen sarauniyoyin, an manta na matan da suka riƙa kai da kawowa tsakanin labule da majalisa.

Abin da ke ba ni takaici shi ne yadda fim ke nuna su. A Jodhaa Akbar na 2008, Maham Anga, wadda ta shayar da Akbar, ita ce uwar makirci. A namu finafinan na sarauta ma, da ka ga jakadiya ka san za ta kai tsegumi ko ta zuba magani a fura. Ba na musun cewa an yi miyagu. Mai riƙe da ƙofa tana iya sayar da ita, kuma da yawa daga jakadun da asalinsu bayi ne, sun yi aiki a tsarin da ya tara ƙwaraƙwarai ba da son ransu ba. Wannan gaskiya ce da bai kamata a shafe ta ba. Amma gidan da ke da mata huɗu da 'ya'ya talatin da barori da baƙi, in ya shekara arba'in ba a ji kansa ba, akwai wadda ta sha wahalar hakan, kuma ba ita ake yi wa kirari ba.

Yanzu waya ta shiga kowane ɗaki. Uwargida na iya tura abin da ke ranta cikin daƙiƙa ɗaya, da zafinsa, ba inuwar rumbu ba rabin goro. Har yanzu manyan fadoji na da jakadu, ana ganinsu wajen biki da naɗin sarauta, amma masu koyon aikin tun suna yara sun yi ƙaranci.

Goggo ta gwada koya mini. Takan aike ni maƙwabta da saƙo mai gaɓa uku, in na dawo ta sa in maimaita abin da na faɗa, da abin da aka amsa, da yadda fuskar mai amsar take. Ranar da na dawo na ce mata matar ta ce ba komai, sai ta tambaye ni, “Tana dubanki ta faɗa, ko tana duban tukunya?” Na ce tukunya take dubawa. Goggo ta miƙe, ta yafa gyalenta, ta ce in ɗauko kwanon goro mu koma tare.