Mami Wata ba dodo ba ce

Daren Asabar muka taru mu bakwai kan kwamfuta guda, muka kalli "Mammy Water", ɗan gajeren fim da Jean Rouch ya ɗauka a shekarun 1950 wajen masuntan Fanti na garin Shama, bakin tekun Gana. Rouch ba baƙo ba ne gare mu, kusa da Birnin Ƙonni ma ya rasu a 2004. Ana gamawa wani abokina ya ce: "Ashe su ma suna da dodon ruwa!" Tun daren nan kalmar take ci mini rai.

Ƴan uwa, mu duba dodonmu na tatsuniya. Tare rafi yake, ya haɗiye yarinya, a ƙarshe a farke cikinsa kowa ya fito. Ba a roƙonsa, kashe shi ake. A fim ɗin kuwa, in kifi ya yi wuya sai gari ya taru ya nemi sulhu da masu ruwa. Wanda kake lallashi don ka ci abinci ai ba dodo ba ne, maƙwabci ne mai ƙarfi. In misali muke so, ga Harakoy Dikko da Sorko ke girmamawa a kogin Isa. Wa ya taɓa ce mata dodo a Yamai?

Amma shi ma Rouch ban bar shi ba. Hotunansa sun yi kyau, wallahi, jiragen nan suna hawa igiyar ruwa har gabanka ya faɗi. Sai dai daga farko har ƙarshe muryar mai bayani ce ke jan ragama. Na san kayan aikinsa na lokacin ba su ɗaukar hoto da murya tare. Duk da haka asara ce. Sunan Mami Wata kansa daga Turancin bakin teku ya fito, kamar babbar riga da aka lulluɓa wa iskoki da yawa, alhali kowane yana da sunansa a harshen Fanti. Masuntan mun ga bakinsu na motsi, ba mu ji me suke kiran abin da suke tsoro ba.

To, kun ga lulluɓi biyu ke nan: na Turanci, sannan namu na "dodo". Ku nemi fim ɗin ku kalla. Kuma duk wanda zai fassara labarin mutanen teku zuwa Hausa a cikinmu, ya fara tambayar sunan abin a bakin masu shi, kafin ya raɗa masa nasa.