Sharhi a kan Jerin Sunayen Sassan Jiki a Littattafan Koyon Hausa: Misali daga Zangon Accra

1.0 Gabatarwa

Da wuya a sami littafin koyon Hausa da babu darasin sassan jiki a cikinsa. Yawanci zanen mutum ne a tsaye, an ja kibiyoyi zuwa kai, ido, hanci, baki, hannu, ciki da ƙafa, kowace kalma da takwararta ta Ingilishi. Wannan takarda na ganin cewa tsarin yana da aibi biyu. Na farko, yana nuna wa ɗalibi kamar Bahaushe da likita iri ɗaya suke yanka jiki. Na biyu, bai san da zaman masu Hausa irin na Nima da Maamobi ba.

2.0 Kalma ɗaya, yanki da yawa

Masana ƙirar jiki suna da ƙa'idar sunaye ta duniya, wato Terminologia Anatomica, wadda aka fitar a 1998. A wurinsu kowane yanki yana da iyaka. Ciki kaɗai sun kasa shi gida tara, da layi biyu a tsaye da biyu a kwance. Hausa ba haka take tafiya ba. Kalmar hannu ta ɗauko tun daga kafaɗa har yatsu, ƙafa kuma daga cinya har tafi. Wannan ba talaucin harshe ba ne, domin Twi ma, wanda mutanen Zango ke ji kullum a kasuwa, kalmar nsa ce ke ɗaukar hannu gaba ɗayansa. Kuma in Bahaushe ya so tantancewa yana da damtse, gwiwar hannu, sangali, wuyan hannu da tafi. A ƙafa yana da ƙwauri, sha-raɓa, idon sawu, agara da diddige. Laifin zanen shi ne ya dasa kibiya a tafi ya rubuta hannu, sai ɗalibi ya ɗauka nan ma'anar ta tsaya.

Inda abin ya fi muni shi ne ciki. A ɗauka wata dattijuwa ta je asibiti a Maamobi, jikanta na yi mata tafinta. Ta ce cikinta ke ciwo, yaro ya juya da kalmar da ya koya a makaranta, wadda a Ingilishi kan nufi tumbi. To amma hanta da matsarmama suna sama ta dama, saifa na sama ta hagu, mafitsara na cikin mara, ƙoda na wajen kwiɓi ta baya, ciwon afendis kuwa yakan tare a ƙasa ta dama. Da yaron ya san kalmomin, sai ya ce, “Mma, mara ce, ko kwiɓi, ko ƙahon zuci?” Tambaya ɗaya ta rage wa likita rabin aiki. Waɗannan kalmomi uku su ne ba kasafai ake ganinsu a zanen ba. Haka nan tsakanin cibiya da cinya akan bar wurin fayau saboda kunya, alhali ƙugu, kwankwaso da matsematsi ba batsa ba ne, kuma nan ne mata ke yawan kuka da ciwo.

Ita kuwa jijiya sai an yi mata takarda ta daban, don ta haɗe hanyar jini da igiyar da ke ɗaure nama da ƙashi da kuma wadda ke kai saƙo ƙwaƙwalwa.

3.0 Wace Hausa ake koyarwa?

Hausa ba baƙuwa ba ce a Ghana. Fataken goro ne suka kai ta Salaga, daga nan ta gangara kudu. Adam Mischlich, wanda ƙamusunsa na Hausa ya fito a 1906, ya yi aiki da Alhaji Umaru a Kete Krachi. A yau a Nima, Hausa ce ke haɗa Bahaushe da Bazabarme da Bagobiri da Dagomba da Kotokoli, kuma da yawansu ba ita ce harshen gidansu na asali ba. Wannan ya bar alama a Hausar da ake kira Gananci, alamar kuma ta taɓa sunayen sassan jiki kai tsaye.

Da farko, masu magana da yawa ba sa furta baƙaƙe masu lanƙwasa. Ƙafa ta koma kafa, ƙirji ya koma kirji, ƙeya ta koma keya, baki da baƙi kuma sun zama abu guda a kunne. Sannan bambancin jinsi ya raunana, ana jan kusan kome zuwa namiji. Inda Bakano zai ce gwiwar hannu, a Nima za a ji gwiwan hannu. Abin lura a nan shi ne, a daidaitacciyar Hausa jinsi na taimakawa wajen raba wuyan hannu da wuyar aiki. Idan ya faɗi, sai karin sauti da muhallin magana su ɗauki nauyin. Malamin da ya ja jan biro a kan gwiwan hannu ya ce kuskure ne, bai yi wa ɗalibi bayanin kome ba. Kamata ya yi ya nuna masa siffofin biyu, ya faɗi inda ake amfani da kowace.

A nan ƙamusun Bargery na 1934 ya fi littattafan da suka zo bayansa adalci, domin yakan nuna cewa wannan kalma ta Katsina ce, waccan ta Sakkwato. Masu tsara darussa sun ɗebi kalmominsa, sun zubar da wannan ɗabi'a.

Akwai kuma wata taska da marubutan suka tsallake, wato makarantar allo da Islamiyya. Yaron Nima da ya karanta babin alwala a Ahalari ko Ishmawi ya san ana wanke hannu zuwa gwiwar hannu, ƙafa zuwa idon sawu, ya kuma san al'aurar namiji daga cibiya take zuwa gwiwa. Iyakoki ke nan na yankunan jiki, da Hausa, waɗanda ya haddace tun kafin ya ga zanen mai kibiyoyi. Ɗaliban da za su je aikin tattara bayanai a Zango su fara daga nan: su nemi mai magana ya nuna da yatsa inda mara ta fara da inda ta ƙare, su rubuta abin da ya faɗa yadda ya faɗe shi, tare da shekarunsa da harshen da ake yi a gidansu.